Tambaya: aikin mai tsara wurin ɗaukar fim a Legas, sana'ar riƙewa ce ko ta ɗan lokaci?

Kafintan Zango ya rubuta:

Assalamu alaikum 'yan uwa. Dan Allah shawara nake nema daga wanda ya san harkar fim ta ciki, ba ta kallo ba. Ni kafinta ne, shagon maigidana yana nan Agege wajen Zango, shekarata takwas a hannunsa, kujeru da gado da wadrob da kabad ɗin kicin duk muna yi. To watan da ya wuce wani Bayerabe da muke sayen filawud wuri ɗaya a Mushin ya kira ni wai suna neman ƙarin hannu na kwana biyar a wani aikin fim can wajen Ikorodu, nace to. Na tafi da tunanin ƙofa za'a ce in gyara ko kujera, ashe ɗaki guda zamu tayar a cikin wani ƙaton sito wanda babu komai a ciki, bango uku da taga da ƙofa, babu rufi, in ka zagaya ta baya duk tokara ce da buhunan yashi amma in ka shigo ta gaba wallahi sai ka rantse ɗakin wata tsohuwa ne da ta shekara talatin tana kwana a ciki.

Abinda ya tsaya min a rai shine matar dake kan aikin, kowa dizaina yake ce mata. Ban ga ta ɗau guduma ko sau ɗaya ba amma ko ƙusa ba'a bugawa sai da saninta, shi kansa darakta sai ya zo ya tsaya suyi ta magana kan launin labule. Na gama fentin bango tsaf yana sheƙi ina jin daɗin aikina, tazo ta kalla tace a dafa shayi mai kauri a kawo da soso, ta sa aka bi bangon da shi, daidai inda mutum zai riƙa jingina kai in yana zaune a gado ta sa akai duhun maiƙo, wajen makunnin wuta ta sa akai dattin yatsu, ƙasan bango kuma kamar ruwa ya taɓa shiga ɗakin ya janye. Gaskiya a lokacin raina ya sosu. Sai da aka kunna fitilu na leƙa ɗan talabijin ɗin da darakta ke kallo sannan jikina yai sanyi, tun ranar kuma abin bai bar kaina ba.

Tambayata, meye ainihin aikin nan kuma ta ina ake shiga? Sai mai digiri? Ni sakandare na gama. Sannan ana samun na rufin asiri a ciki ko wahala ce kawai, don shekarata 27 kuma maganar aure na gabana. Ban faɗawa maigidana ba tukunna. Nagode.

Tsohon Hannu ya amsa:

Wa alaikumus salam ƙanena. Na daɗe ban ga tambayar da ta min daɗi irin wannan ba, don yaranmu in sun ce fim to jarumi suke son zama, ba mai tambayar waye ya gina ɗakin da jarumin ke kuka a ciki. Ni ta fenti na shigo, allon talla nake rubutawa a Surulere kafin a ja ni lokeshan, yanzu gashi har furfura ta fito a cikinta.

Matar da ka gani ita ce furodakshan dizaina. A taƙaice duk abinda ido zai gani a cikin hoton wanda ba mutum ba to a wuyanta yake, bango, kujera, kalandar dake rataye, kofin shayi, motar da ta wuce ta baya, har launin da fim ɗin gaba ɗaya zai ɗauka. Mutum uku ne ke yanke yadda fim zai fito a ido, darakta da mai kyamara da ita. Ƙarƙashinta akwai at darakta mai bin zane da ma'aikata, da mai jeren kaya, da mai furofs wato kayan da jarumi zai taɓa da hannunsa irin su waya da wuƙa da wasiƙa, sai kafintoci da masu fenti irinmu. Sunan ma a Amurka ya samo asali, wani William Cameron Menzies aka fara baiwa shi a fim ɗin Gone with the Wind na 1939 saboda aikin da yai ya wuce na gina ɗaki, kamannin fim ɗin duka ya tsara. Amma kar wannan jerin ya ruɗe ka, a nan Ikko in ba babban aiki bane mutum ɗaya ne da yara biyu ke ɗaukar duk wannan, kai ne mai zane kai ne mai zuwa kasuwa kai ne mai rigima da direban mota kan kuɗin dako.

Aikin daga sikirif, wato rubutaccen labarin fim ɗin, yake farawa ba daga guduma ba, wannan ka riƙe shi da kyau. Zaka zauna ka karanta labarin sau biyu sau uku, sin bayan sin kana rubutawa, nan ina ne, dare ne ko rana, wace shekara ce, su waye a ɗakin, me suka taɓa, me ya fashe, in kwalba zata fashe to guda nawa zan tanada tunda ba sau ɗaya ake ɗauka ba. Marubuci zai rubuta maka "falon Alhaji" kawai ya wuce abinsa, kai ne zaka tambayi kanka wane irin Alhaji, wanda ya gada ko wanda ya samu jiya, wanda arziƙin ke tafiya yana ɓoyewa ko wanda ke hawa, don falonsu ba ɗaya bane. Wanda arziƙi ya fara gudu kujerunsa masu tsada ne amma hannun kujerar ya koɗe, akwai shatin inda babban talabijin yake a bango da, yanzu ƙarami ne a wurin. Kaga ba wanda yai magana amma mai kallo ya riga ya gane. Shayin da ta shafa maka a bango kenan.

Daga nan sai zagayen duba wurare tare da darakta da mai kyamara, ka auna, ka ɗau hoto, ka duba ina rana ke faɗowa, ina janareto zai zauna, sannan kai zane ka kawo kasafi. In labarin na zamanin baya ne kuma to nan ake gane wanda yai bincike. Misali fim ɗin 1976 ba zaka sa 'yar Murtala a hannun jarumi ba don naira ashirin ɗin a 1977 ta fito. In kafin 1973 ne babu naira sam, fam da sule ake kashewa. In kafin Afrilun 1972 ne motoci ta hagu suke bi a ƙasar nan, sitiyari na dama. Fijo 504 haɗin Kaduna daga 1975 ne. Wayar salula ta GSM sai 2001. Sannan abokan gabarmu na kullum, ledar fiya wata a ƙasa, tankin roba a saman gida, dish, kujerar roba, rufin kwano mai launi, guda ɗaya in ya shiga hoto ya kashe maka wahalar wata guda. Ka nemi October 1 na Kunle Afolayan wanda labarinsa a 1960 yake, da '76 na Izu Ojukwu, duka biyun marigayi Pat Nebo ne ya tsara su, ya rasu a 2023. Ka kashe sauti ka kalla, kar ka kalli fuskar kowa, bayan mutane zaka riƙa kallo, teburin ofis, fitila, motoci. Makaranta ce guda.

Kai kuma da kazo da hannun kafinta akwai abinda sai ka sauke. A shago ana yin abu ne ya shekara ashirin, a nan ana yi ne ya kwana goma ya kuma kwance cikin awa ɗaya, saboda haka sukuru zaka fi amfani da shi akan ƙusa da gam, filawud mai ƙafa 4 da 8 a kan firam mara nauyi, kuma ko yaushe ka bar bango ɗaya da za'a iya zarewa kyamara ta shiga. Fenti mai sheƙi mai kyamara baya so don yana maido masa da haske, farin bango tas shima haka, yadi mai ƙananan layi kusa da kusa rawa yake a kyamara. Amma duk saurin da ake kar ka yarda da sakaci wajen tokara, bango in ya faɗo kan mutum sunanka za'a kira. Ga damina, Yuni da Yuli a garin nan filawud kumbura yake fenti kuma yaƙi bushewa, sai ka kwana da fanka kana jira.

Digiri ba dole bane. Abinda yake dole shine ka iya karanta sikirif da turanci ka fahimta, ka iya zane ko da na fensir ne amma da awo, ka iya lissafi da riƙe rasit. Hanya kuma ita ce wadda ka riga ka taka, ka koma wajen matar nan kace mata kana son koyo, ka bi ta aiki biyar aiki goma, daga kafinta ka zama shugaban kafintoci, ka zama mataimaki. Duk ɗakin da ka gina ka ɗau hotonsa kafin da bayan, wannan hotunan sune takardar shaidarka.

Ɗan Mile 12 ya amsa:

Baba Tsohon Hannu ka faɗi gaskiya amma ka tsallake wajen da yaron yafi tambaya, maganar kuɗi. Ɗan uwa ni nayi shekara uku ina jigilar kayan lokeshan da motata kafin in dawo kan tumatir da albasa, abinda na gani da idona zan faɗa maka. Aikin nan ba albashi bane, wata biyu kana aiki ba dare ba rana sai kuma wata uku wayarka ko ƙara batai ba, kuma haya a Legas bata san ana hutun shutin ba. Ƙarfe biyar na asuba kana kan gadar Third Mainland don kiran ƙarfe shida ne a Lekki, ku ne farkon zuwa ku ne ƙarshen tashi don sai kun kwashe komai kun maida gidan mutane yadda kuka same shi, mai gida yaga ƙusa ɗaya a bangonsa a kuɗinku za'a cire. Ga 'yan eriya, wato zauna-gari-banzan unguwa, kuna sauke kaya sun iso sai an sallame su. Akwai furodusan da har yau yana riƙe da cikon kuɗina, tun ina kira yana cewa sai an sayar da fim har ya daina ɗauka, na barshi da Allah.

Ni shawarata kar ka saki shago. Kana da maigida, kana da kwastoma, ga aure a gaba, ba'a sakin reshe a kama ganye. In aikin fim yazo ka nemi izini kaje kayi ka dawo. Kuma ko na kwana biyu ne a rubuta, a baka kafin alƙalami, kuɗin kaya daban kuɗin hannunka daban, in ka bari aka haɗa su to da kuɗin hannunka zaka ƙarasa sayen fenti.

Uwar Biyu ta amsa:

Sannunku da hira. Ni a Idi-Araba nake, jeren kaya nake yi a fim da tallace-tallace, da can kwalliyar ɗakin amare da wajen biki nake yi. Maganar Malam na Mile 12 gaskiya ce ba ƙari, nima ban bar kwalliyar biki ba har yau, ita ke riƙe ni in shutin ya ɗauke. Amma ƙanena akwai abu ɗaya da kake da shi wanda ban ji an faɗa ba kuma ni shine ya buɗe min ƙofa.

Wani aiki aka kira ni, akwai sin na gidan Bahaushe a cikin labarin. Na iso na tarar har sun jera, wallahi sai da na zauna. An shimfiɗa darduma ta kalli inda ba gabas ba, an rataye takobi biyu a bango, ga tukunyar shisha a tsakar ɗaki, ga wasu fululluka masu ƙyalli kamar tantin larabawa, wai ɗakin wata dattijuwa ce a cikin birnin Kano. Ba mugunta bace, basu taɓa shiga ba ne, abinda suka gani a intanet suka kwaso. Nace Oga bani zuwa gobe. Na shiga gidajen unguwarmu ina roƙon aro, wajen wata Hajiya 'yar Haɗeja na samo kwallaye da langa irin na jere masu fure waɗanda gefensu ya ɗan fara tsatsa, wata ta bani tsohon faifai da ƙwarya mai ɗinki, na samo buta da tabarma da buzu, allo da tawada na ƙanin mijina, carbi na rataye a ƙusa, kaskon turaren wuta na tura ƙarƙashin gado bakinsa kawai ake gani, sai rediyo ƙarama da aka ɗaure murfin batirinta da kyauro. Na juya dardumar. Ranar shutin wani dattijo ɗan Arewa da zai fito a sin ɗin ya shigo ya tsaya bakin ƙofa ya cire takalmi ba wanda yace masa, yai shiru can yace ɗakin innarsa kenan. Har yanzu in na tuna sai naji ƙwalla.

Tun daga ranar duk aikin da ya taɓa Arewa sai an neme ni. Kai ka san zaure, ka san yadda azara take a rufin soro, ka san zanko da dagi a fuskar gida, ka san shagon mai shayi ba'a jera shi kamar kanti, ka san yadda ɗakin samari 'yan cirani yake a Agege, katifa a jingine da rana, jakunkuna a ƙusa, butoci a bakin ƙofa. Wannan ba'a koyar da shi a aji kuma mutanen nan suna buƙatarsa, mu kuma in bamu shiga ba haka za'a ci gaba da nuna mu da takobi a bango. Amma kar ka tsaya a namu kawai, kasan gidan Bayerabe da na Ibo da ofishin banki da ɗakin asibiti, don aikin Arewa a nan kaɗan ne cikin abinda ake yi. Duk gidan da ka shiga kai kujera ka buɗe ido.

Sai kasuwa. Rabin aikina a ƙafa yake. Jankara don tsofaffin tarkace, Katangowa don gwanjon labule da zannuwan gado da suka riga suka sha wanki, Balogun don yadi, Owode Onirin in ƙarfe kake nema, katako kuma ka fini sani. Sabon abu baya wuya, tsohon ne ke wahala, shi yasa na kama ɗan ɗaki ina tara kaya, yanzu har haya nake bayarwa. Kuma ka saba da ɗaukar hoton kowane kusurwa kafin a tashi, saboda kwantiniti, sin ɗaya ana iya ƙarasa shi bayan sati, in kofin yana dama ya koma hagu masu kallo sai sun gani.

Maganar ko ana zama wani abu, ana zama. Hannah Beachler da ta tsara Black Panther ta ɗau Oska a 2019, ita ce baƙar fata ta farko da ta ci a wannan fannin. Nan gida ma bukukuwan karrama 'yan fim irin AMVCA da ake yi a Legas da AMAA duk suna bada kambu a wannan fannin.

Tsohon Hannu ya ƙara:

Hajiya Allah ya saka, labarin dattijon nan ya taɓa ni. Malam na Mile 12 kuma na karɓi gyara, nima an cinye min ba sau ɗaya ba. Abinda zan ƙara a kai, duk ranar da ka zama kai ne kan aiki to kuɗin kaya amana ce, ka riƙe rasit na ko kwalin ƙusa, ka biya yaranka kafin ka biya kanka. Garin nan da girma amma harkar ƙarama ce, furodusoshi junansu suke tambaya wa zan kira.

Karatu in hali ya samu yana ƙara maka, musamman zane a kwamfuta irin SketchUp, don yanzu darakta so yake yaga ɗakin a waya kafin a sayi katako ɗaya. Yabatech, kwalejin fasaha ta Yaba, suna da sashen zane, akwai PEFTI a Isolo, akwai EbonyLife Creative Academy masu gajeren kwas, in kuma Arewa kake so akwai makarantar fim ta ƙasa a Jos. Masu wannan ɓangare suna da ƙungiya, Creative Designers Guild of Nigeria, ka tambayi matar zata nuna maka hanya. Ranar da kake da sarari kuma ka shiga gidan tarihi na Onikan, in kaje Kano ka shiga Gidan Makama, da ɗan littafi da fensir.

Maigidanka kuma ka faɗa masa da bakinka kafin yaji a waje. Shekara takwas ba wasa ba, haƙƙinsa ne.

Kafintan Zango ya dawo:

Baba, Hajiya, Yaya na Mile 12, Allah ya saka da alheri ya ƙara rufin asiri, na karanta sau uku. Jiya bayan isha'i na samu maigidana na faɗa masa komai, yai shiru sannan yace ba zai hana ni ba amma sai na gama setin kujerun da muka karɓi kuɗinsu, kuma duk aikin fim da zai wuce sati in sanar da shi da wuri ya nemi mai riƙe masa. Na kira matar ma, tace akwai aiki ƙarshen wata, shagon mai magani zasu gina da ɗakin 'yan sanda, ta turo min shafi huɗu na sikirif tace in rubuto mata duk abinda nake ganin ya kamata a gani a shagon kafin Juma'a. Yau da safe na je kemis ɗin layinmu na roƙi mai shi ya barni na auna kantarsa na ɗau hoto. Hajiya dan Allah kwalayen magani fa, na gaske ake jerawa ko sai an sake musu suna? Kuma a ina ake buga irin takardun da ake mannawa?